Majinyacin da ba shi da adireshi: jinyar wani makaɗin gardawa

Gabatarwa

Ni ma'aikacin lafiya ne a wani ƙaramin asibitin karkara a Jihar Kano, kuma a hannuna rajistar masu tarin tibi take, wato cutar da gidajen rediyo suka fi kira tarin fuka. Garinmu ƙarami ne, kasuwarsa tana ci ranar Talata. Abin da zan kawo a nan jinyar mutum ɗaya ce, daga Disamban 2022 da tarin ya kama shi zuwa ƙarshen Afrilun 2024 da na rufe katinsa. Da yardarsa nake rubutawa, bisa sharaɗin ba zan faɗi sunansa ko na garinsu ba. Kiɗa yake yi wa wata tawagar gardawa masu wasa da kura, don haka Makaɗi zan riƙa ce masa.

Tawagar da yake bi

Su goma ne lokacin da na fara saninsu. Akwai maigida, dattijo mai kusan shekara 60 da ya gaji sana'ar daga mahaifinsa. Akwai ɗansa mai shekara 17 da ke riƙe da goggon biri, da 'yarsa mai shekara 6 da ake ɗorawa a bayan kura idan wasa ya yi wasa. Sai gardawa biyu, makaɗa biyu, mai shelar magani, da yaran kaya biyu. Dabbobinsu kura ɗaya ce mai takunkumi da sarƙa, da goggon birin, da mesa a cikin akwatin katako.

Wanda bai san su ba zai ɗauka da wasan suke ci. Aikin wasan shi ne tara jama'a. Idan ganga ta yi kira, fili ya cika, gardi ya zagaya da kura akayau na amsawa a ƙafarsa, sai a shimfiɗa buhu a baje ƙulle-ƙulle: na basir, na shawara, na sanyi, na ɗan kanoma, na tari, na tsarin maciji, da layu. Nan kuɗin yake. Abin da 'yan kallo ke jefawa a fili ɗan ƙari ne.

Shekararsu kashi biyu ce. Daga kaka zuwa faɗuwar ruwa suna kan hanya, suna bin kasuwannin mako: Larabar Abasawa, Maigatari ranar Alhamis, Wudil ranar Juma'a, Ɗambatta ko Ladin Makole ranar Lahadi, da ƙananan kasuwannin da ke tsakani. A da sukan tsallaka Nijar ta Maigatari su yi makonni a can. Ba sa saurin komawa kasuwar da suka ci, domin a cewar maigida, idon da ya ga kura makon jiya ba ya tura hannu aljihu makon nan. Da damina kuwa sai a watse, kowa ya nufi gona, dabbobin su zauna a ƙauyen maigida.

Duk garin da suka sauka, kafin a kwance kaya maigida zai je ya gaida mai gari da sarkin kasuwa, sannan sarkin fawa, saboda kura sai da ƙashi da tarkacen nama. Shi ya sa masaukinsu yakan kasance kusa da kwata. Da zafi a rumfar kasuwa suke kwana. Da hunturu sukan kama ɗaki ɗaya, a toshe taga da tsumma, a kunna gawayi, su goma a kan tabarma uku.

Da yamma maigida ke ƙirga abin da aka samu. A fara cire abincin kura, a cire kuɗin a-kori-kurar da za ta kai su gaba, a cire na tuwo, sannan a raba saura. Wanda bai fita fili ba a ranar zai ci tuwo, amma ba shi da kaso. Hausawa na cewa kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. A abin da na gani da idona, bayan an sallami mai mota da mahauta, abin da ke isa hannun gardin bai taka kara ya karya ba.

Shi Makaɗi shekararsa 34 a ƙiyasinsa. Yana shan sigari, sun rabu da matarsa, ba shi da gona, ba shi da waya. Shekara 12 ke nan yana bin maigida.

Disamba 2022 zuwa Afrilu 2023: tarin da ya ƙi tafiya

Da hunturu ya fara, lokacin da kowa a tawagar ke tari saboda ƙura da hayaƙin gawayi. Na sauran ya tafi, nasa ya zauna. Maigida ya jiƙa masa sassaƙe, ya sha fiye da wata guda. Daga nan ya koma kemis, sau uku a garuruwa uku, ana haɗa masa kafso da maganin tari na ruwa. Kowane karo sai ya ɗan lafa na kwanaki ya dawo.

Ana cikin haka aka shiga canjin kuɗi. An sa 31 ga Janairu 2023 a matsayin ranar daina karɓar tsofaffin takardun naira 200, 500 da 1,000, aka ƙara wa'adin zuwa 10 ga Fabrairu, sababbin kuwa ba su kai ƙauye ba. Sana'ar gardi ta tsabar kuɗi ce, ba wanda zai tsaya a bakin fili yana taransifa don ƙullin maganin basir. Akwai ranakun da sau ɗaya suka ci abinci, domin kason kura ne farko. A watannin nan zazzaɓin yamma da gumin dare suka shigo, wandonsa ya fara zamewa har sai ya ƙara ɗaure shi da igiya.

Duk da haka ba wanda ya ambaci asibiti. Tawagar tana sayar da maganin tari, ga makaɗinta yana tari a gaban masu saye. Abin da maigida ya yi shi ne ya mayar da shi can bayan fili, ya ce in tarin ya taso ya juya wa jama'a baya. Daga baya shi kansa Makaɗi ya ce mini: "Likita, ta yaya za a ga yaron mai magani a layin asibiti?"

Azumi ya kama ranar 23 ga Maris, wasa ya ja baya, ya yi azuminsa a haka. Ƙaramar Sallah ta faɗo Juma'a 21 ga Afrilu, suka yi kwana huɗu a jere suna wasa tun hantsi har magariba don su rama asarar da suka yi. Ranar Talata 25 ga Afrilu, a kasuwarmu, ya yi tari jini ya zuba a kan fatar gangar, ya zauna a ƙasa. Yaron sarkin kasuwa ne ya kawo mini shi a kan mashin.

Nauyinsa kilo 46. Na karɓi kakinsa na aika babban asibiti inda GeneXpert yake, wato injin da ke gano ƙwayar tibi a cikin kaki. Bayan kwana uku sakamako ya dawo: akwai ƙwayar cutar tibi, kuma ba ta bijire wa rifampicin ba, wanda shi ne ginshiƙin maganin. Gwajin ƙanjamau ya nuna ba ya ɗauke da ita.

Mayu 2023: yunƙuri na farko, zama wuri ɗaya

Maganin tibi wata 6 ake sha ba fashi. Wata 2 na farko magunguna huɗu ne a dunƙule cikin ƙwaya ɗaya, rifampicin da isoniazid da pyrazinamide da ethambutol. Wata 4 na baya biyun farko kaɗai ake ci gaba da su. Kyauta ne a duk faɗin Najeriya, kuma kowane majinyaci kwalinsa daban, da sunansa a jiki. Bisa nauyinsa, ƙwaya 3 zai riƙa sha kowace safiya kafin ya karya. Ƙa'ida ta ce a samu wanda zai ga ya haɗiye. Tunda ba shi da kowa a garin, na ce ya riƙa zuwa wurina kullum. Muka fara ranar 2 ga Mayu.

Da na zo cike kati na tambaye shi, "Ina ne gida?" Ya faɗi garin da aka haife shi, na rubuta. Lambar waya ya ba ni ta maigida. Shi maigidan ko minti biyar ban yi da shi ba, a tsaye a bakin mota ana loda akwatin mesa. Na gaya masa sunan cutar, na ce yaronsa zai zauna, su kuma su zo mako mai zuwa a gwada su. Ya ce Allah ya sawwaƙe, ya damƙa wa Makaɗi ɗan abin da ke aljihunsa, suka wuce. Ba su zo ba.

Sarkin kasuwa ya ba shi wurin kwana a zaurensa. Kwana 20 ya yi yana zuwa bai tsallake ko ɗaya ba. Fitsarinsa ya koma ja kamar yadda na gaya masa zai yi, jini ya tsaya, gumin dare ya ragu, nauyi ya kai kilo 48. Amma da jiki ya fara dawowa sai yunwa ta dawo da ƙarfinta, ga shi ba ya samun kaso. A zauren an ware masa kofi da kwano, masu zuwa hira da dare sun daina zama. A mako na uku gaɓoɓinsa suka fara ciwo, musamman kafaɗa da wuyan hannu, abin da pyrazinamide kan jawo. Ya ce mini, "Maganin nan zai kashe mini hannu." Na ba shi farasitamol, na ce zai wuce.

Ranar 22 ga Mayu ya roƙe ni in ba shi na 'yan kwanaki, zai je ya sami maigida ya karɓo kuɗin abinci ya dawo. Na ba shi na kwana 14. Ranar 29 ga Mayu aka sanar da janye tallafin mai, lita ta tashi daga ƙasa da naira 200 zuwa sama da 500, kuɗin mota ya bi ta. Bai dawo ba. Jimillar abin da ya sha kwana 34 ne cikin 168.

Yuni zuwa Satumba 2023: yunƙuri na biyu, waya da takarda

Na yi ta kiran maigida. Wani lokaci wayar a kashe, wani lokaci ba sabis. Da na same shi ya ce, "Ai ya warke, Likita, yana ta kiɗansa." Na yi masa bayanin cewa tarin ne ya kwanta, cutar tana nan. Ya ce to. A kira na uku ya gaya mini bayan Babbar Sallah, wadda ta faɗo 28 ga Yuni, kowa zai tafi gida.

Jin haka na cike takardar sauya asibiti zuwa wurin da ya fi kusa da garin da ke katinsa, na kira abokin aikina na can na yi masa bayani. Bawan Allahn nan sau biyu yana hawa mashin ɗinsa da mansa yana zuwa unguwar. Ya sami gidan baffan Makaɗi, aka ce masa rabonsu da shi shekara 7. Ashe duk damina, da yake ba shi da gona, ƙwadago yake bi da kiɗan gayya a duk inda ya samu.

A farkon Agusta ya cika wata 2 ba magani, kuma a ƙa'idarmu nan ake rubuta mutum cikin waɗanda suka ɓace. Na rubuta, na ajiye sauran kwalin. Abin da ke raina a lokacin shi ne bijirewa. Ƙwayar cutar da ta ɗanɗani magani ba a gama da ita ba tana iya koyon jure shi, kuma jinyar irin wannan tibi ta fi wahala a jiki, magungunanta ba a kowane asibiti ake samu ba.

Ƙarshen Oktoba 2023: ganga ɗaya

Ranar Talata 31 ga Oktoba ina ɗakin magani na ji kiɗan gardawa daga kasuwa. Na saurara. A watan Afrilu ganga biyu ke amsa wa juna, yanzu ɗaya nake ji. Na bar wa abokiyar aikina layi na fita.

A bayan rumfar masu gishiri na same shi, kwance a kan buhunan kayansu, an lulluɓa masa bargo da tsakar rana. Da ya gan ni ya yunƙura zai tashi gaisuwa, tari ya hana shi. Ya ce, "Likita, ka yafe ni." A sikeli kilo 43 ya yi. Ina tsaye a wurin kuma na ji wani tarin daga cikin fili, na waiga, ɗan maigida ne, sarƙar goggon biri a hannu ɗaya, ɗayan a bakinsa.

Wannan karon ban tari maigida a fili ba. Na jira bayan isha'i, na sayi goro, na roƙi sarkin kasuwa ya raka ni masaukinsu a bayan kwata. Kura tana ɗaure a turke tana tauna ƙashi, mu muna kan tabarma. Bayan doguwar gaisuwa na ce, "Baba, ba don in ɓata maka sana'a na zo ba."

Ya ce, "Likita, kai da magani kake ci, ni ma da shi nake ci. In aka ji yarana suna karɓar naka, wa zai sayi nawa?"

Na ce masa ba wanda zai ji daga bakina, kuma ba sai sun shiga layi ba, ni zan kawo musu har masauki. Abin da nake nema kawai ya bari in karɓi kakin duk mai tari. Ya yi shiru mai tsawo. Sarkin kasuwa ne ya ce, "Malam, ɗanka ne fa. Ni ma na ji tarin nan ɗazu." Sai ya kira yaron.

Ban da Makaɗi, mutum uku ne ke tari cikin takwas. Da sakamako ya dawo ranar 6 ga Nuwamba, biyu ba su da ita, ɗan maigida yana da ita. Daga shi har Makaɗi cutar ba ta bijire wa rifampicin ba. A daren ne kuma na lura tawagar ta koma mutum tara. Ɗaya daga yaran kaya, wanda suka raba tabarma da bargo da Makaɗi duk hunturun baya, ya bi wata tawagar da damina, an ce sun yi wajen Bauchi.

Nuwamba 2023 zuwa Afrilu 2024: yunƙuri na uku

Kafin in buɗe sabon kati na zauna da maigida na ce ya lissafa mini kasuwannin da za su ci daga nan zuwa azumi. Yana faɗa ina rubutawa a bayan takarda. Nan na ga abin da ban sani ba: hanyarsu ta riga ta tsuke. Tun bayan juyin mulkin 26 ga Yuli a Nijar an rufe iyaka, tsallakawa ta Maigatari ta tsaya. Tsadar mai kuma ta hana su nisa. Kusan duk inda suke zagayawa bai wuce tafiyar rabin yini daga garinmu ba.

Na kai wa jami'in da ke kula da masu tibi a ƙaramar hukumarmu wannan takarda, ya amince a sa maigida a matsayin mai sa ido kan shan maganin mutum biyun. Muka sake farawa daga farko ranar 7 ga Nuwamba.

Mako 2 na farko a garinmu suka zauna su biyu, a wani ɗaki mai taga da sarkin fawa ya ba da aro, domin a wannan tsakanin ne magani ke rage yaɗuwar cutar sosai. Maigida da bakinsa ya ce zai riƙa cire musu rabin kaso ko ba su fita fili ba. Ban roƙe shi ba. Da na yi masa godiya ya ce ba zai ba ɗansa ya hana bara ba alhali ciwo ɗaya suke yi.

Bayan nan suka koma tawaga. Maigida ba ya karatun boko, don haka mai shela ne ke sa alama a kati. Shi kuma ya ce a bar masa ƙirga ta hanyarsa: duk sacet ɗin da ya ƙare ya jefa shi cikin jakar layunsa, ya zazzage mini in mun haɗu. Lokacin sha bayan sallar asuba ne, kafin ya je duba kura, abin da bai taɓa fashinsa ba tun yana yaro. Su biyun za su tsuguna a gabansa da kofin ruwa, ya ɓare ya zuba wa kowa a tafin hannu. Karɓar sabon magani duk Talata ta biyu a wata 2 na farko, daga baya duk Talata ta huɗu. Ba kullum suke wasa a kasuwarmu ba. Wani zuwan su ci wata ƙaramar kasuwa kusa, su biyun su zo a mashin da yamma in auna su.

Na roƙe shi ya dakatar da ba su jiƙo, domin maganin tibi da kansa yana ɗora wa hanta nauyi. Na ce in ya ga idon ɗayansu ya yi rawaya ya kira ni ko da tsakar dare ne. Ya ce shekara 40 yana sayar da maganin shawara, ba wanda zai riga shi gane idon mai shawara. Batun kwana kuma muka daidaita a kan a daina toshe taga, su biyun su kwanta ta bakin ƙofa.

Ciwon hannu ya dawo a mako na uku kamar wancan karon. Yanzu na zaunar da shi na gaya masa wanne ne cikin magunguna huɗun ke jawo shi, na ce ranar 2 ga Janairu za a cire shi, na zagaye ranar a katinsa. Na ba shi maganin rage ciwo, da bitamin B6 saboda tafin ƙafarsa da ke masa zugi. Maigida ya rage masa aiki, ɗayan makaɗin ya ɗauki babbar ganga, shi yana shiga ne idan an zo baje magani.

Ba a rasa tangarɗa ba. A Disamba motarsu ta lalace a hanya maganin ya ƙare, suka yi fashin kwana 3, daga nan na riƙa ƙara musu na kwana 3 a kan kowane zuwa. A Fabrairu Makaɗi ya yi fushi kan rabo ya tafi ya kwana a tasha, ya yi fashin kwana 2, ɗan maigida ya je ya dawo da shi. Sigari ya rage, bai daina ba. Da azumi ya kama ranar 11 ga Maris 2024, liman ya gaya musu marar lafiya yana da rangwame, amma da yake jikinsu ya yi ƙarfi suka zaɓi su yi. Sai muka mayar da shan maganin kamar awa guda kafin sahur, maigida ke tashinsu.

A watan Maris ɗin aka buɗe iyaka. Maigida ya so ya tsallaka bayan Sallah, wadda ta faɗo 10 ga Afrilu, domin ya ce can idanu sun yi kewar kura. Saura mako 2 da 'yan kwanaki a gama. Na ce masa in sun tsallaka ba ni da hanyar karɓar kakin ƙarshe. Ya jira.

Sakamako

Ranar 2 ga Janairu 2024, ƙarshen wata na 2: kilo 47, ba a ga ƙwayar cutar a kakinsa a madubin likita ba. Ranar 26 ga Maris, wata na 5: kilo 51, babu. Ƙarshen Afrilu, bayan ya rama kwana 5 da ya yi fashi: kilo 53, babu. Ranar 30 ga Afrilu na rubuta ya warke. Ciwon gaɓoɓi ya tafi tun tsakiyar Janairu, ya koma kan babbar ganga, sai dai yana cewa numfashinsa ba ya kai yadda yake a da idan wasa ya yi tsawo.

Ɗan maigida shi ma ya warke. 'Yar ƙaramar ta sha maganin kariya na wata 3 ta gama a Fabrairu. Cikin sauran shida, biyu sun karɓi na kariya, huɗu sun ƙi, har da maigida.

Yadda nake kallon lamarin

Ranar da ya ce in yafe shi a bayan rumfar gishiri, ni ya kamata in nemi yafiyarsa. Mutumin da ya yi kwana 20 yana zuwa da ƙafarsa cikin yunwa ba mai wasa da magani ba ne. Na raba shi da abincinsa, na ajiye shi a zauren da ake ƙyamar kofinsa, da ya yi kukan hannu kuma na ba shi amsar da zan ba kowa, alhali da hannun yake ci. Takardar sauya asibiti ma tun daga tambayata ta lalace. Na ce "ina ne gida", ya amsa yadda kowane Bahaushe zai amsa, da garin haihuwa. Da na ce "ina za ka kwana makon gobe, kuma wa ke raba muku kuɗi", da tun a watan Mayu na gane maigida ne gidansa. Kuma da na bi su na gwada sauran a lokacin, mai yiwuwa da an gano ta ɗan maigida wata shida kafin nan, ko ma a tare ta da maganin kariya.

A karo na uku magani bai canza ba, kwali iri ɗaya ne. Abin da ya canza shi ne an rataya shi a kan abubuwan da tawagar ba ta fashinsu: ranar kasuwa, tashin asuba don kura, da umarnin maigida. Rabin kason nan kuwa, a ganina, ya fi duk bayanin da na yi musu aiki. Dole kuma in faɗi cewa akwai abin da ba dabarata ba ce. Tsadar mai da rufe iyaka, da suka jefa su cikin ƙunci, su suka tsare su kusa da ni. Kuma da ɗan maigida bai kamu ba, da wuya ya buɗe mini jakar layunsa.

Ba duk al'amuransu nake goyon baya ba. Na gaya wa maigida ido da ido cewa ɗora yarinya 'yar shekara 6 a bayan kura ba ya kwanta mini, haka ma sayar da maganin tari ga wanda ya haura mako 2 yana yi. Na farkon bai amsa mini ba. Na biyun ya ce in mai saye ya ce masa tarin ya daɗe ko da jini, zai ce ya je a gwada. Mutum biyu sun zo mini tun daga lokacin suna cewa mai kura ne ya turo su.

Katinmu yana da gurbin gari da unguwa da gida, ba shi da gurbin mutumin da kasuwa ke juya shi. Makiyaya an kafa musu hukumar ilimi tun 1989 saboda an yarda tafiya ce rayuwarsu. Gardawa da 'yan koli da 'yan dambe da yaran mota su ma haka suke, kuma a ƙasar da ta fi kowace a Afirka yawan masu tibi, irinsu ne ke cika mana shafin waɗanda suka ɓace. Yanzu duk majinyacin da ya zo mini ranar kasuwa, nakan tambaye shi kasuwar da zai ci gobe kafin in tambayi garinsu.

Yaron kayan nan da ya tafi wajen Bauchi har yau ba a gwada shi ba. Na rubuta wa maigida lambar 3340 a takarda, wadda ake kira kyauta a nuna wa mutum wurin gwaji mafi kusa, ya sa ta cikin jakar, ya ce gardawa ba sa ɓace wa juna, in sun haɗu a wata kasuwa zai ba shi. Ni kuma duk Talatar da na ji gangar gardawa, ko ba tasu ba ce, nakan fita in duba yaran da ke ɗauke da kaya.